Ku Tambaya Mu Lissafa: Guda nawa suka lalace, kuma a cikin guda nawa?

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da sake haɗuwa a wannan fili. Saƙonni sun taru sosai wannan karon, sai na tsinto guda biyar da suka zo kusan iri ɗaya duk da masu su ba su san juna ba, akwai ɗan kasuwa akwai uwar yara akwai mai kiwo da ɗaliba da manomi, kowa abu biyu ne a gabansa yana son ya san wanne ya fi lalacewa ko faɗuwa ko mutuwa. Kamar kullum ban sa sunan kowa ba.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Ni ɗan shago gareni a PZ Zariya ina saida caja da kebur da batirin waya, jarin na yayana ne ni nake zama. Muna sarin caja wajen diloli biyu ɗaya a Kano ɗaya a Kaduna. Na Kano mun saida guda 240 an dawo mana da 18 wai basa caji ko sun ƙone, na Kaduna kuma 80 muka saida aka dawo da 8. Yayana yace mu rabu da na Kano kawai tunda 18 ai ba wasa bane, ni kuma raina bai kwanta ba amma na kasa mishi bayani. Dan Allah wanne yafi lalacewa? Na Kano 1,500 muke saro ɗaya, na Kaduna 1,400.

AMSA: Ƙanina, ranka da bai kwanta ba shi ke da gaskiya, amma fa ka bi Yaya a hankali wajen bayani don shi ma abin da ya gani ba ƙarya ba ne, caja 18 ya ga an dire masa a kan kanta kowace da mai ita yana faɗa yana a ba shi kuɗinsa, abin da kawai ya sha masa kai shi ne na Kanon kun sayar da ninki uku na na Kaduna. Wanda kayansa suka fi fita ai sau da yawa shi za a fi dawo wa da kaya ko da nasa sun fi kyau. Saboda haka ba a ajiye 18 kusa da 8 a yanke hukunci, sai an mai da su ma'auni ɗaya tukuna.

Lambobinka sun zo da sauƙi. 80 sau uku 240 kenan. To ka ɗauka na Kaduna ma 240 kuka sayar kuma suka ci gaba da lalacewa yadda suka faro, 8 a tamanin na farko, 8 a na biyu, 8 a na uku, ka ga 24 kenan. Yanzu sai ka ajiye su kafaɗa da kafaɗa, na Kano 18 cikin 240, na Kaduna 24 cikin 240. Na Kaduna ya fi lalacewa, kuma wannan bayanin ko a tsaye a bakin shago za ka iya yi wa Yaya ba biro ba takarda.

Ƙa'idar guda ɗaya ce, duk abin da ka yi wa jimillar kayan to ka yi wa adadin da suka lalace. Ka ninka wannan sau uku ka ninka wancan sau uku, ka raba wannan biyu ka raba wancan biyu. Shi ya sa 8 cikin 80, da 4 cikin 40, da 1 cikin 10, da 24 cikin 240 duk magana ɗaya ce. Na Kano ma in ka raba 18 da 240 kowace da 6 zai dawo 3 cikin 40, na Kaduna kuma 4 cikin 40, ka ga amsar ba ta canza ba. Abin da ba a yi shi ne ƙari, wato ka ce bari in ƙara 160 a kan 80 ya zama 240 sannan in ƙara 160 a kan 8, wannan ɓata lissafi ne, ninkawa ake yi ko rabawa.

Kuma fa wannan ba wani baƙon ilimi ba ne a garin nan. Duk wanda ya taɓa zama a zaure cikin birni ana rabon gado ya ga ana yin sa. Mutum ya rasu ya bar mata da uwa da 'ya'ya, matar tana da sumuni wato ɗaya cikin takwas, uwa tana da sudusi ɗaya cikin shida, malam ba zai fara rabo ba sai ya nemo lambar da takwas da shida duk za su shiga ba saura, ita ce 24, sai sumuni ya zama 3 sudusi ya zama 4, nan take kowa ya ga wa ya fi wani kuma da nawa. Aikin kenan, kai dai a kan caja za ka yi naka.

In lambobin suka ƙi shiga juna, misali 237 da 83, kar ka wahalar da kanka, mai da kowanne cikin ɗari. Ɗauko kalkuletar wayarka, waɗanda suka lalace ka raba da waɗanda aka sayar sannan ka ninka da 100. Na Kano 18 a raba da 240 sau 100 zai ba ka 7.5, na Kaduna 8 a raba da 80 sau 100 zai ba ka 10. Wato a duk caja ɗari ta Kano bakwai da rabi ke dawowa, ta Kaduna goma. Akwai kuma ninkawa a gicciye da ake koya wa yara a ƙaramar sakandare, 18 sau 80 ya ba da 1,440, 8 sau 240 ya ba da 1,920, wanda lalatattunsa suka haifi babbar lamba shi ya fi muni. Yara da yawa suna haddace wannan ba tare da an faɗa musu dalili ba kuma abin yana damuna, alhali dalilin ba wuya, an mai da su duka ne cikin 19,200 wato 240 sau 80, sai aka daina rubuta ta ƙasan tunda ta zama ɗaya.

Amma tunda ka kawo farashi bari mu ƙarasa, don ɗan kasuwa ba yawan lalacewa kaɗai yake kallo ba. Ka ɗauka ka saro 200 a kowane waje kuma dila ba ya karɓar wanda ya lalace. Na Kano 300,000 za ka biya, 15 su lalace, saura 185 masu kyau, kowace mai kyau ta tsaya maka a kusan 1,622. Na Kaduna 280,000, 20 su lalace, saura 180, kowace ta tsaya a kusan 1,556. Ka ga abin mamaki ko, wanda ya fi lalacewa har yanzu shi ya fi araha da wajen naira 66 a kowace caja. To a nan lissafi ya gama nasa sai kai. Ni a ganina naira 66 ba ta kai ka sayi ɓacin ran kwastoma ba, musamman a layi irin naku da shago ke jikin shago, wanda cajarsa ta ƙone sau ɗaya gobe maƙwabcinka zai shiga kuma ba zai faɗa maka ba. Kuma ka tuna da cewa ba duk wanda cajarsa ta mutu ke dawowa ba, matafiyin da ya saya ya hau mota a Kwangila ya wuce Funtuwa ai ba za ka sake ganinsa ba, don haka 18 ɗin da 8 ɗin duka ƙasa suke da gaskiyar abin. Ka sayi ɗan littafi na ɗari biyu ka ware shafi ga kowane dila, ranar da aka sayar da ranar da aka dawo, kuma waɗanda aka sayar kaɗai za ka ƙirga ban da na cikin katan, cajar da ba a jona ba ai ba ta samu damar lalacewa ba.

TAMBAYA: Salam Malam. Ni uwa ce daga Tudun Wada inaso in canza ma ɗana makaranta zai shiga SS1. Na tambayi makarantu biyu sakamakon WAEC na bara, ta farko yara 180 suka zauna 45 basu samu ba, ta biyu yara 40 suka zauna 12 ne kawai basu samu ba. Maigidana yace ta biyun tafi tunda 12 kacal. Haka ne?

AMSA: Hajiya, Allah ya yi wa yaron albarka, kuma na ji daɗi ƙwarai da kika je kika tambayi adadin waɗanda suka zauna, iyaye da yawa fentin gini da motar ɗaukar yara kawai suke kallo. 45 cikin 180 in kika raba duka da 45 zai zama 1 cikin 4. 12 cikin 40 in kika raba da 4 zai zama 3 cikin 10. Huɗu da goma duk suna shiga 20, sai ta farko ta zama 5 cikin 20, ta biyu 6 cikin 20. A cikin ɗari kuma 25 da 30. Ke nan a lissafin nan ta farkon ce ke gaba, ba ta biyu ba.

Sai dai kar ki yi saurin biyan kuɗin fom. Tazarar ba ta da yawa ko kaɗan, makarantar da ke da yara 40 kowane yaro ɗaya yana ɗauke da biyu da rabi cikin ɗari, da yara biyu kacal cikin 12 ɗin nan sun tsallake da ta zama 10 cikin 40 wato 25, kunnen doki kenan. Yara biyu kuwa ai zazzaɓi ma kaɗai ranar jarrabawar Lissafi zai iya kayar da su. Don haka sakamakon shekara ɗaya bai isa ba, ki nemi na shekara uku ki haɗa duk waɗanda suka zauna waje ɗaya, waɗanda ba su samu ba waje ɗaya, sannan ki raba.

Sannan ki tambaye su me suke nufi da "ba su samu ba". A WAEC da NECO daga A1 zuwa C6 shi ne kiredit, D7 da E8 fas ne kawai, F9 ce faɗuwa, kuma abin da jami'a ke nema kiredit biyar ne har da Turanci da Lissafi. Wata makarantar F9 kaɗai take ƙirgawa a matsayin faɗuwa, wata kuma duk wanda bai haɗa biyar ɗin nan ba, in kika gwada waɗannan biyun kin gwada abubuwa daban.

Abin da ya fi ci mini rai kuma shi ne wannan. Akwai makarantun da ke tace yara kafin rajista, duk wanda suka ga ba zai yi ba sai a ce ya maimaita aji ko iyayensa su kai shi wani wajen ya rubuta, don sakamakon makaranta ya fito fes a manna a allo. A ce makarantar farko yara 240 ne suka gama SS2 amma 180 aka yi wa rajista, to 60 ɗin nan ina suka tafi? In kika haɗa su da 45 ya zama 105 cikin 240, kusan 44 cikin ɗari kenan ba 25 ba. Ban ce haka suka yi ba fa, ban san makarantar ba, amma tambaya ce da ya kamata ki yi wa dukkansu biyun, yara nawa suka shiga SS1 a wannan zubin kuma nawa suka kai ga zama jarrabawa. Makarantar da ke riƙe yaro mai rauni ta yi ta fama da shi har ya zauna za ta fito da lamba mara kyau, alhali wataƙila ita ce ma ta fi koyarwa. Kuma in kika ji inda ake cewa ba wanda ya taɓa faɗuwa shekara da shekaru, ki bincika yadda ake rubuta jarrabawa a wajen kafin ki kai ɗanki.

TAMBAYA: Malam ina kiwon kaji a Hanwa, na zuba 'yan tsaki 500 yau sati shida 35 sun mutu. Maƙwabciyata ta zuba 150 sati biyu da suka wuce a wani kamfani daban 9 suka mutu mata. Na lissafa naga ni 7 cikin ɗari ita 6, kenan kamfaninta yafi nawa?

AMSA: 'Yar uwa, lissafinki daidai yake, 35 cikin 500 bakwai ne, 9 cikin 150 shida ne. Matsalar lokaci ce, naki sun yi sati shida suna fuskantar mutuwa nata sati biyu kawai, kuma nata ba su ma shiga lokacin da cutar gumboro ta fi kama su ba, wato tsakanin sati uku zuwa shida. Ki duba littafinki ki ga nawa suka mutu miki a sati biyun farko, wannan za ki gwada da 9 ɗinta. In a ce 20 ne to ke 4 cikin ɗari kike ita 6. Kuma sai in iri ɗaya kuke kiwo, buroila da masu ƙwai ba a haɗa su. Ko bayan haka ma kar ki ɗora wa kamfani komai da komai, ɗumin ɗaki a satin farko da ruwa da rigakafi a kan lokaci duk suna cikin lambar nan. In mutuwar ta ci gaba ki ɗauki wadda ta mutu sabuwa ki kai wa likitan dabbobi ya buɗe ya gani, muna da su a Samaru da Shika, ba sai an yi ta canki-canki da magani ba.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam, ni ɗaliba ce ina karatun jinya. A unguwarmu mutane suna cewa wai kar a kai mara lafiya babban asibiti don can ake mutuwa, gara ƙaramin asibitin kuɗi na cikin unguwa. Nasan ba haka bane amma in an lissafa cikin ɗari ma ai zai iya fitowa babban yafi. Ya zan musu bayani?

AMSA: 'Yata, kin kawo tambaya mai nauyi don wannan maganar tana sa a riƙe mara lafiya a gida har sai ya galabaita. Kuma kin gano bakin zaren, ko an mai da shi cikin ɗari babban asibiti zai iya fitowa da lamba mafi muni, saboda mai da lamba ma'auni ɗaya ba ya mai da marasa lafiyan iri ɗaya. Wa ake kaiwa babban asibiti? Wanda ya yi haɗari a hanyar Kaduna, da mai naƙudar da ta kwana biyu tana zubar da jini, da wanda ƙaramin asibitin ya riƙe har ya ga abin ya fi ƙarfinsa ya ce a wuce da shi. In ya cika a can sai a rubuta a littafin babban, littafin ƙaramin kuma ya zauna tsaf.

Bari in ba ki labarai biyu na gaske, ɗaya inda lissafin ya tona gaskiya, ɗaya inda ya kusa ɓoye ta. Na farko a babban asibitin birnin Biyana na ƙasar Ostiriya ne, akwai ɗakunan haihuwa biyu, ɗaya likitoci da ɗalibansu ke karɓar haihuwa, ɗayan ungozomomi. Daga 1841 zuwa 1846 a ɗakin likitoci an yi haihuwa 20,042 mata 1,989 suka rasu, a na ungozomomi haihuwa 17,791 mata 691 suka rasu. Ki raba ki gani, na farko kusan 10 cikin ɗari, na biyu kusan 4. Abin da ya sa wannan gwajin ya tsaya da ƙafarsa shi ne ba zaɓar matan ake yi ba, da rana ake rabawa, waɗanda suka zo yau wannan ɗakin na gobe wancan, don haka ba za a ce masu tsanani aka tara waje ɗaya ba. Wani likita Ignaz Semmelweis ya tsaya a kan lambobin nan ya ƙi sakin su, har ya lura cewa ɗaliban likita daga wajen feɗe gawa suke fitowa su zo su duba mata da hannayen nan, ungozomomi kuwa ba ruwansu da gawa. A 1847 ya sa dokar wanke hannu da ruwan kulorin, a 1848 mutuwar ɗakin likitoci ta sauko ƙasa da 2 cikin ɗari. Duk lokacin da malamarku ta dame ku da wanke hannu ki tuna matan nan.

Na biyu wani bincike ne da aka buga a Ingila a 1986 kan cire tsakuwar ƙoda. Hanya ɗaya tiyata ce a yanka a buɗe, ɗayar kuma a huda 'yar ƙaramar kafa ta baya a zura na'ura a ciro. Kowace hanya mutum 350. Ta yanka ba ta yi nasara a kan 77 ba wato 22 cikin ɗari, ta huda 61 wato kusan 17. Kowa zai ce huda ta fi, jimilla ɗaya ce ma ba sai an daidaita ba. To amma da aka ware masu ƙananan tsakuwa daban, yanka ta gaza a 6 cikin 87 kusan 7 cikin ɗari, huda ta gaza a 36 cikin 270 kusan 13. Masu manyan tsakuwa kuma yanka 71 cikin 263 wato 27, huda 25 cikin 80 wato 31. Kin gani, a ƙananan yanka ta fi, a manyan ma yanka ta fi, amma da aka cakuɗa sai ta fito a baya, saboda yawancin masu wuyar ita aka tura wa, 263 cikin 350 ɗinta manyan tsakuwa ne, ita kuma huda 270 cikin nata ƙanana ne. Masana ƙididdiga suna danganta wannan juyin da sunan Edward Simpson wanda ya yi rubutu a kai a 1951.

Saboda haka in za ki yi wa 'yan unguwa bayani ba sai kin kawo musu Ingila ba, ki tambaye su kawai, wanda kuka ce ya rasu a babban asibiti a wane hali aka kai shi, kuma kwana nawa ya yi a wani wajen kafin nan? Gwajin adalci shi ne ciwo ɗaya da tsanani ɗaya, a nan nawa cikin ɗari a can nawa. Wannan ba ya nufin babban asibiti ba ya kuskure ko ba a sakaci, ana yi kuma ya kamata a faɗa, amma yawan gawar da ake fitowa da ita ta ƙofa ba shi ne hujjar ba.

TAMBAYA: Malam, babana ne yasa na rubuto daga Dakace. Yana da irin masara na rumbunsa da wanda ya saya a kasuwa. Ya gwada nasa ƙwaya 50 guda 7 basu tsiro ba, na kasuwa ƙwaya 120 guda 15 basu tsiro ba. Yana tambaya wanne zai shuka, kuma in nasa zai shuka nawa zai ƙara don kar gona tayi giɓi?

AMSA: A gaida Baba, Allah ya ƙara lafiya ya ba da damina mai albarka. Wallahi manomin da ke gwada iri kafin ya kai gona ya riga ya tsere wa asara babba. 50 da 120 duk suna shiga 600, hamsin sau 12 ɗari da ashirin sau 5, sai na rumbu ya zama 84 cikin 600 na kasuwa 75 cikin 600. A cikin ɗari 14 da 12.5. Na kasuwa ya ɗan fi, amma ɗan kaɗan ne ƙwarai, da ƙwaya ɗaya tak ta ƙara tsirowa a cikin hamsin ɗin Baba da ya zama 6 cikin 50 wato 12, ya wuce na kasuwar. Da wannan gwajin ba zan ce wani ya fi wani ba.

In akwai sauran lokaci kafin shuka a sake. A ɗebo daga saman buhu da tsakiya da ƙasa a gauraya, kar a zaɓi masu kyau, da hudaddun da ƙwari suka ci duk yadda hannu ya ɗebo, a ƙirga ɗari daga kowanne a jera a jiƙaƙƙen buhu ko tsumma a naɗe a ajiye a inuwa ana ɗan yayyafa ruwa, ranar bakwai a buɗe a ƙirga waɗanda suka fito da saiwa da tsiro lafiyayyu. Masu gwajin iri a ɗakin bincike ƙwaya 400 suke ɗauka, ɗari-ɗari kashi huɗu, don kar sa'a ko rashin sa'a ta yaudare su, ku ma in za ku iya biyu-biyu ya fi ɗaya. Kuma tsiro daban yabanya daban, irin da ya tsiro da kyau ba lallai ya fi ba da buhu ba, in Baba yana son ingantaccen iri ya tambayi malaman gona kan nau'o'in SAMMAZ da cibiyar binciken noma ta Samaru ta fitar, su faɗa masa wanda ya dace da ƙasarsa da tsawon damina.

Maganar ƙari kuma a nan mutane ke zamewa. Tunda 14 cikin ɗari ba sa tsirowa sai mutum ya ce bari in ƙara 14 a kan kowane ɗari, yana son tsiro 1,000 sai ya shuka 1,140. To ƙarin ma ai ba duka zai tsiro ba, 86 cikin ɗari na 1,140 kusan 980 ne, saura ashirin giɓi. Yadda ake yi, ƙwaya 100 na ba da tsiro 86, ƙwaya nawa za ta ba da 1,000? Sai a ce 1,000 sau 100 a raba da 86, ya ba da 1,163. A mudu kuma, gonar da mudu 10 zai ishe ta in da duka za su tsiro, da irin Baba sai 10 sau 100 a raba da 86, mudu sha ɗaya da rabi da ɗan ɗoriya. Ya tanadi sha biyu, abin da ya ragu a yi cikon ramukan da suka ƙi fitowa da shi a satin farko bayan shuka, tun kafin na farkon su yi musu nisa.